Fitilar Kujerar Dama

Ƙanena Reino Kivela bai taɓa hawa jirgin sama ba tun da aka haife shi, amma ya shafe shekaru yana tuƙa wani ƙato a ƙarƙashin kicin ɗinmu. Sau ɗaya ya gwada na gaske, yana saurayi, lokacin bikin 'yar kawunmu a Toronto. Ya sayi tikiti, ya sa kwat, ya bi layi har bakin ƙofar jirgin, ya leƙa ciki, sai ya ce wa ma'aikaciyar jirgin ya manta wani abu a mota. Har yau bai gano abin da ya manta ba. Ya dawo gida ya zauna a bakin tebur da kwat ɗinsa, mahaifiyarmu ta zuba masa kofi, babu wanda ya ce uffan. A gidanmu ba a tambayar namiji abin da ya ba shi tsoro.

Ni ce babba, sunana Aili, kuma rabin rainonsa a hannuna aka yi. Ƙuruciyarsa da ƙarfinsa duk a rumbunan alkama na bakin tafki suka ƙare, yana loda jiragen ruwa, yana dawowa da ƙura har cikin kunne. Bai yi aure ba. Maganar da yake yi a yini ba za ta cika cokalin shayi ba. Da mijina Toivo ya rasu, na sayar da gidanmu na dawo gidan iyayenmu a nan Thunder Bay, inda Reino yake zaune shi kaɗai, muka raba: ni sama, shi ɗakin ƙasa. A can ƙasan injin wanki yake, shi ya sa abin da zan faɗa da idona na gan shi.

Da ya ajiye aiki sai ya fara sayo kaya. Manyan allunan kwamfuta ya jera su kamar gilashin gaban mota, wani allon da ake taɓawa da yatsa ya rataye shi sama da kai, ga sitiyari irin na jirgi, ga kujeru biyu da ya ciro daga wata matacciyar mota a wurin 'yan gwangwan. Shi wasan tuƙin jirgi a kwamfuta kowa na iya saya, jikokin maƙwabta ma suna yi. Amma akwai wani jirgin fasinja da ake saya daban a ɗora a kai, wanda wasu mutanen da Allah bai ba aikin yi ba suka zauna suka kwaikwayi na gaske har maɓalli na ƙarshe. Idan ka kunna abu ba bisa tsari ba, inji ba zai tashi ba. Idan ana ruwa a Winnipeg yau, ruwa za ka tarar a Winnipeg ɗin allo. Abin da ya fi ɗaure mini kai shi ne jirgin ba ya mantuwa. Inda ka ajiye shi nan za ka same shi, kuma duk abin da ka bari a kunne haka za ka tarar da shi ko bayan wata guda.

Na ce masa, "Tsofai-tsofai da kai, ka koma wasan yara."

Ya ce, "Ba wasa ba ne, Yaya."

"To mene ne?"

"Aiki ne da ba a biya."

Na ce kowa da kiwon da ya karɓe shi, na ɗauki kwandon wankina na hau sama.

Jirgin nan na mutum biyu ne kamar na gaske, kuma ta intanet mutum biyu suna iya zama a cikinsa ko da duniya ce tsakaninsu. Ta haka Reino ya haɗu da Cyril Pardy, mutumin Gander, can Newfoundland, tsohon mai gyaran tukunyar ɗumama gida. Ba su taɓa ganin juna ido da ido ba. Murya ce kawai take fitowa daga wata 'yar lasifika da Reino ya ɗaure a jikin kujerar dama, murya mai kauri da dariya a cikinta, mai surutu kamar an ba shi kwangila. Reino ne kyaftin, a hagu. Cyril mataimaki, a dama. Kowace Lahadi idan an taso daga coci sai su tashi.

Dokokinsu biyu ne, kuma sun riƙe su fiye da yadda wasu suke riƙe addini. Ta farko, jirgi daga inda ya kwana yake tashi. Akwai wurin da za ka danna ka same shi a kowane gari na duniya nan take, amma a wurinsu wannan ƙarya ce, mai yin ta kuwa ba matuƙi ba ne. Ta biyu, kowa da gefensa. Sitiyari da birki na Reino ne. Allon sama, da wuta, da rediyo, da tagar dama, na Cyril ne. Ko gobara ake yi Reino ba zai miƙa hannu gefen Cyril ba, sai dai ya kira sunan abin, Cyril ya amsa, ya taɓa.

Ranar farko da na ga haka na tsorata. Ina ninke tawul, kujerar dama babu kowa, sai na ga maɓallan allon sama suna juyawa da kansu, ƙas, ƙas, ƙas, ɗaya bayan ɗaya. Na ce, "Reino, wa yake taɓa wancan?" Sai lasifikar ta fashe da dariya.

"Yaya Aili ce? Ni ne fatalwar gidanku. Ki yi haƙuri, ban yi sallama ba."

Na ce, "Fatalwa mai tari irin wannan ban taɓa ji ba. Ka rage taba."

"Kyaftin, ka ji? Ashe har da likita a jirgin nan. Me aka dafa wa fasinjoji yau?"

"Miyar kifi. Kuma ba za ta kai Newfoundland ba."

"Kifin tafki? Allah ya sawwaƙe. Wannan ai ruwa ne da ƙaya. Ki zo nan ki ga kifi."

Daga ranar muka zama abokan faɗa. Amma wata rana da na ɗora kwandon wanki a kan kujerar nan, Reino ya ɗauke shi ya ajiye a ƙasa, ya ce, "Da mutum a wurin." Ba da wasa ya faɗa ba.

Gaskiyar magana, Cyril ne ya buɗe bakin ƙanena. Ina sama ina jin su ta cikin daɓen katako, domin ba sa gaggauta tafiya. In hanya ta yini guda ce, yini guda za su zauna. A tsakiyar teku kuwa babu abin yi sai hira. Abubuwan da Reino bai taɓa faɗa mini ba, har labarin ƙofar jirgin Toronto, na ji ya faɗa wa lasifika, na kuma ji Cyril bai yi dariya ba, shi da yake yi wa komai dariya. Na ji kishi, ba zan ɓoye ba. Na kuma gode wa Allah.

Cyril yana da wani hali. Akwai 'yar fitilar karatu a gefen dama, shi kuwa da rana tsaka ma sai ya kunna ta, wai idonsa ya tsufa. Kunnawar ya iya, kashewar ce bai taɓa tunawa ba. Idan sun sauka sun kashe komai, jirgi ya yi duhu, sai ka ga ita kaɗai tana ci. Reino ya ce, "Cyril, fitila." Cyril ya ce, "Na bar wa masu shara ne, Kyaftin," sannan ƙas, ta mutu. Idan na ji wannan daga sama na san lokacin zuba abinci ya yi.

A kakar bara suka yi doguwar tafiya, Lahadi bayan Lahadi, har Turai, suka juyo. Wata Lahadi cikin Nuwamba suka tsallako teku daga Ireland suka sauka a Gander, garin Cyril, da niyyar mako mai zuwa su ƙaraso gida Thunder Bay. Ina wurin, ina jiran injin wanki ya gama. Ana yayyafi a allon. Suka tsaya, suka kashe injuna, motar filin jirgi ta zo ta jona musu wuta. Cyril sai murna yake kamar wanda ya dawo daga tafiyar gaske.

"Kyaftin, da ka leƙa dama muna saukowa, da ka ga rufin gidana. Har kayan da matata Marcella ta manta a igiya na gani."

"Ina kallon titi."

"Kullum kana kallon titi. Bari in buɗe taga in shaƙi iskar garinmu."

Tagar dama ta ja baya da kanta, ƙarar yayyafi ta cika ɗakin. Cyril ya yi tari, ya ce, "Bari in ɗora ruwan shayi, ina zuwa. Kar ka kashe komai, ban gama gefena ba."

Bayan ɗan lokaci muka ji butar ta fara kuka can nesa ta cikin lasifikar. Ta yi ta kuka. Na ce, "Mutumin naka ya kurmance ne?" Ta yi ta kuka har muryarta ta sirance, ta yi shiru da kanta. Reino ya kira sunansa, ya sake kira. Ya buga wayar gidan, ba a ɗauka ba. Matarsa Marcella ta je wurin 'yar'uwarta ranar, kuma da ta dawo a kwance a kicin ta same shi. Ita ce ta kira mu. Zuciyarsa ce ta tsaya.

Na ce mu je jana'iza, zan riƙe hannunsa daga nan har can, domin ta mota da jirgin ruwa ba za mu isa a kan lokaci ba. Ya sa kwat. Na tuƙa mu har filin jirgi. Ya zauna a mota yana kallon wutsiyoyin jirage ta bayan shinge, hannunsa a kan marfin ƙofa, ya kasa buɗewa. Muka dawo. Wannan karon ni na zuba masa kofi, ban ce uffan ba, amma shi ya yi magana. Ya ce, "Mutumin da na tsallake teku da shi." Daga nan bai ƙara ba.

Lahadin da ta biyo baya ya sauka ƙasa a lokacin da suka saba. Na bi shi da kwando, ba don ina da wanki ba. Ya kunna. Jirgin yana nan a Gander, taga a buɗe, fitilar dama tana ci. Abu ɗaya ne ya canza. Motar da ta jona musu wuta ta tafi, domin duk lokacin da aka kunna kwamfutar sai an sake kiranta, kiran nata kuwa aikin kujerar dama ne. Saura batir kawai. Reino ya dubi ma'aunin batirin, ya dubi fitilar, ya ɗan jima, sai ya kashe kwamfutar da sauri. Ya ci gaba da zama a gaban baƙaƙen alluna har yamma.

Daga baya na gane abin da yake ciki. Muddin kwamfuta tana kashe, lokaci a tsaye yake a jirgin. Da zarar ya kunna, batir na raguwa, jirgin kuwa ba ya mantuwa. Duk kallon da ya yi wa fitilar Cyril daga ranta yake ci. In bai kalle ta ba hankalinsa ba ya kwanciya, in ya kalle ta tana dusashewa. Saboda haka ya koma yi mata kallon mai rowa, kaɗan-kaɗan, Lahadi zuwa Lahadi, sauran yinin ya zauna a duhu.

Haka muka shiga hunturu. Ya daina shiga ɗakin gumi, inda muke wankan tururi, ranar Asabar, abin da ko zazzaɓi bai taɓa hana shi ba. Ya daina zuwa wurin cin fanke inda tsofaffin abokan aikinsa suke haɗuwa su zagi gwamnati. Wandonsa ya fara zamewa, ya ƙara huda a bel. Na dafa duk abin da na san yana so tun yana yaro, ya tsakura ya ture. An ce ba mutuwa ake wa kuka ba, sabo, kuma na yarda, amma abin Reino ya wuce kuka. Wani lokaci daga sama nakan ji muryarsa ta cikin daɓe, kwamfuta a kashe, yana kiran abubuwan da ake dubawa kafin tashi, yana barin fili bayan kowanne. "Batir." Shiru. "Famfon mai." Shiru. "Tagogi." Filin da yake bari daidai tsawon amsar Cyril ne, har da wurin tarinsa.

Ni da nake taƙama ba na tsoron komai, na koma yin wanki da safe, ina juya wa kujerar nan baya. Da can maɓallan da suke motsi da kansu ne suke ba ni tsoro. Yanzu rashin motsinsu ne ya fi tsorata ni. Wata safiya tukunyar ɗumama gida ta yi ƙas a bayana, na saki kwando, kaya suka watse, na tsaya ina haki kamar wadda aka koro. Na tsince su ina zagin kaina da Cyril da waɗanda suka ƙera jirgin.

Wata rana haƙurina ya ƙare. Na tare shi a bakin matakala.

"Ka danna abin nan ka dawo da shi gida. Ko kuwa ka kira motar wutar da hannunka, fitilar ta yi ta ci har tashin duniya. Wa zai gani?"

"Ba gefena ba ne."

"Mai gefen ya mutu, Reino."

"Ya ce kar in kashe komai. Bai gama ba."

"To sai yaushe zai gama?"

Ya dube ni da idanun da suka faɗa ciki, ya ce, "Idan ta mutu da kanta, shi ke nan."

"Shi ke nan me?"

Ya raɓa ta gefena ya sauka. A nan ne tsoro na gaske ya kama ni, domin na gane ya ɗaure ransa a jikin fitilar nan, suna dusashewa tare. Na binne iyaye, na binne miji. Ba ni da niyyar binne autanmu saboda batirin da babu shi a duniya.

Wata Lahadi cikin Fabrairu na bi shi ƙasa. Ya kunna. A Gander sama ta yi duhu, iska na kaɗa dusar ƙanƙara, kukanta na shigowa ta tagar da Cyril ya buɗe. Fitilar ta koma ja, kamar garwashin da toka ta fara rufewa. Reino ya ce, ba da ni yake ba, "Yau ko mako mai zuwa." Na ajiye kwandon a ƙasa, na zagaya, na zauna a kujerar dama. Sanyinta ya ratsa ni har ƙashi, lasifikar tana daidai kunnena.

"Tashi, Yaya. Da mutum a wurin."

"Ƙwarai da mutum. Ni ce."

"Ba ki san komai ba."

"Shekara nawa ina jin ku ta cikin daɓe? Ko aku ne ai ya haddace. Ka kira, in amsa. In kuma ba za ka kira ba, mu zauna mu biyu mu kalle ta har ta mutu, amma tashi kam ba zan yi ba."

Hannunsa ya tafi wurin kashe kwamfutar, ya tsaya a kai. Ina kallon fitilar, ina jin kamar numfashina ma yana cinye ta. Can ya janye hannun, ya gyara zama, ya ce da wata murya da na daɗe ban ji ba, "Wutar ƙasa."

"Ina take?"

Ya nuna mini da haɓa, bai taɓa ba. Na sa yatsa na danna. Muka jira. Motar ta zo ta tsaya a gindin jirgin, na ji ƙas, allon sama ya kama da haske gaba ɗaya, fitilar Cyril kuma ta buɗe ido fes kamar ranar da ya kunna ta. Reino ya rufe fuskarsa da tafin hannu, ni kuma na yi kamar ina neman wani maɓalli.

Sannan muka fara. Yana kira, ina lalube, ina amsawa. Na yi kuskure ba adadi.

"Ba wannan ba, na kusa da shi. Wannan ki taɓa shi mu kwana a nan."

"To ku da kuka ƙera abu duk iri ɗaya kamar haƙoran masara."

"Cyril ido rufe yake yi."

"Cyril bai taɓa wanke maka wando ba. Kira na gaba."

Na ji daɗin faɗan nan har cikin raina, domin mai faɗa da sauran ransa. Muka yi ta tafiya har muka zo inda na san za mu zo.

Ya ce, "Tagogi." Ya amsa nasa, "A rufe, hagu." Ya jira.

Jirgi ba ya tashi da taga a buɗe, wannan ko ni na sani. Na kuma san ita ce abu na ƙarshe da hannun Cyril ya taɓa a cikin jirgin nan. Na ɗora yatsa a kanta, na ce a hankali, "Cyril, iskar garinku ta ishe ka haka." Tagar ta zame ta rufe. Kukan iskar da muka yi hunturu guda muna ji ya yanke, ɗakin ya yi tsit har ina jin agogon hannuna. Na ce, "A rufe, dama."

Na tambaye shi, "Fitilar fa?"

"Bar ta. Ba yanzu ake kashe ta ba."

Rediyo ma aikina ne. Akwai mutanen da suke zama a gidajensu suna aikin hasumiyar filin jirgi, wato ba da izinin tashi da sauka, kyauta ga irin su Reino, su ma Allah bai ba su aikin yi ba. Ya faɗa mini abin da zan ce, na maimaita lambar jirginmu, na nemi izinin tashi zuwa Thunder Bay. Sai muryar wata mace ta ce, "Wannan ba muryar da na saba ji a lambar nan ba ce." Ta ƙara da cewa, "Duk hunturun nan, kowace Lahadi, ina ganin jirgin nan ya bayyana a inda aka ajiye shi, ya ɗan jima, ya ɓace. Ba ya kira, ni ma ban kira shi ba." Ta gyara murya. "Titi naku ne. Ku sauka lafiya."

Reino ya tura injuna, ɗakin ya ɗauki ruri, titin ya taho da gudu ya faɗa ƙarƙashinmu. Ni da na hau jirgin gaske sau da yawa, sai ga ni na riƙe kujerar matacciyar mota da hannu biyu. Muna ɗagawa ya ce, idonsa na gaba, "Leƙa dama. Ki gaya mini ko kin ga rufin." Na leƙa. Ƙananan rufuna ne birjik, duk iri ɗaya, dusar ƙanƙara ta lulluɓe su. Na ce, "Na gani." Ban san wanne ba ne, amma ɗaya daga cikinsu na Cyril ne.

Kusan awa huɗu muka yi a sama. Bayana ya ƙage, ƙafata ta mutu, na ce ko za a gaggauta abin, ya dube ni kamar na yi saɓo. A saman Quebec ya fara magana, kaɗan-kaɗan, duk a kan Cyril: yadda ya taɓa sa su zagaye wani tsibiri sau biyu don kawai ya ga inda kakansa ya yi su, yadda yake rera waƙa idan za su sauka cikin hazo don ya ɓoye tsoronsa. Ban sa baki ba. Na gane ba ni ake ba labarin ba, kujerar ake ba, ni dai na cike ta ne.

Rana na faɗuwa muka hango tafkinmu, gefensa ya daskare, ga rumbunan alkamar da Reino ya ƙare ƙarfinsa a ciki sun jeru a bakin ruwa. Dusar ƙanƙara ta fara sauka a allon. Na ɗaga kai na dubi 'yar tagar ɗakin da take daidai da ƙasar tsakar gida, na ga ita ce dai take sauka a waje. Ya sauke mu da ɗan ƙarfi, jirgin ya yi tsalle sau ɗaya, ya ce, "Da yana nan da na sha tsiya." Muka gangara, muka tsaya.

Ya fara kiran kashewa, ina amsawa. Injuna suka yi shiru. Famfuna, allunan gaba, hasken rufi, ɗaya bayan ɗaya, har jirgin ya yi duhu, ɗakin ma ya yi duhu. Saura ita kaɗai a gefena tana ci. Na gan ta, na san wurin maɓallinta, amma na naɗe hannuna a cinya.

Reino ya daɗe yana kallonta. Sannan bakinsa ya faɗi abin da ya saba faɗa.

"Cyril, fitila."

Muka jira. Na rantse har ni na jira, idona a kan maɓallin, kunnena a jikin lasifikar. Muka bar masa fili daidai tsawon maganar masu shara, har da wurin tarinsa. Babu abin da ya motsa. Sai na miƙa hannu, ƙas, ta mutu.

Muka ɗan zauna a cikin duhun, ina jin numfashinsa yana daidaituwa. Can ya ce, "Me aka dafa, Yaya?"

Na ce, "Miyar kifi. Ruwa da ƙaya."

Ya miƙe, ya dafa kan kujerar dama yana wucewa, ya riga ni hawa sama.